Sims 4 ya cika kwamfuta: ajiyar wasa za a share, kayan Mods, ko fakitin da aka saya?

Ana cikin zafin watan Afrilu ƙanwata ta turo mini saƙon murya daga Harobanda, unguwar da ke ƙetaren kogi a Yamai, murya tana rawa kamar wadda aka yi wa sata. "Yaya, ordi ɗina ta ƙi. Layin diski ya yi jajir, wasan sai ya cinye minti ashirin kafin ya buɗe, ga rahoton da zan miƙa na rasa inda zan ajiye shi. Zan share sovgad ɗina duka in huta." Ordi kwamfuta ce, sovgad kuma ajiyar wasa. Na ce mata kada ta taɓa komai sai na ƙetaro gada.

Wasan da take nufi The Sims 4 ne, wanda Maxis ta ƙera, kamfanin Electronic Arts (EA) ya fitar a watan Satumban 2014. Mutum yana gina gida, ya zuba mutane a ciki, su yi aiki, su yi aure, su haihu, su tsufa, su mutu, jikoki su gaji gidan. Tun da aka mai da tushen wasan kyauta ranar 18 ga Oktoban 2022 nake ƙara ganinsa a kwamfutocin ɗalibai a nan Yamai. Ita ƙanwata shekara biyu ta yi tana renon zuriya guda, har ta kai tattaɓa-kunne, sun bazu a gidaje shida.

Da na isa na buɗe kwamfutar, abin da na fara yi shi ne auna nauyin kowane dosiye. Ajiyar wasanta gaba ɗaya ba ta cika rabin jiga ba. Dosiyen Mods kuwa, na kayan ƙarin da ake saukowa da su daga intanet, jiga 19. An bar jaki ana dukan taiki ke nan. Da ta yi abin da ta yi niyya, da ta kashe aikin shekara biyu, layin diskin kuma yana nan ja kamar yadda yake.

Wasan nan gida biyu gare shi a cikin kwamfuta, kuma wanda bai raba su ba shi ne yake share abin da bai kamata ba. Gida na farko shi ne inda aka girka wasan da fakitocinsa, wato ƙarin sassan wasan da ake saya, galibi cikin Program Files. Na biyu yana cikin Documents, a ƙarƙashin Electronic Arts. Idan wasanka da Faransanci yake, kamar na yawancinmu, sunan dosiyen Les Sims 4. A nan kayanka na kanka suke: saves mai ɗauke da ajiyar wasa, Mods mai ɗauke da kayan ƙarin da ka sauko da su daga intanet, Tray mai ɗauke da iyalai da gidajen da ka adana a ma'ajiyar wasan, sai hotuna da bidiyon da ka ɗauka. Ni ina auna kowane zaɓi da abu biyu: me zai sauƙaƙa maka, kuma in ka yi nadama, da nawa zai dawo. A garin nan "da nawa" yana nufin forfe, wato datar intanet da ake saya, da daren da mutum zai kwana yana gadin koneksiyo.

Mu fara da ajiyar wasa, tunda ita ce hannu ya fi saurin kaiwa gare ta. Kowace duniya da ka fara fishiye guda ne mai suna irin Slot_00000002.save, kuma yana da ƴan rakiya har biyar masu ƙarewa da .ver0 zuwa .ver4. Duk lokacin da ka danna ajiye, wadda ta gabata sai ta koma ver0, ta ver0 ta matsa gaba, ta can ƙarshe ta faɗi. Ƴan rakiyar nan sun taɓa fitar da ni kunya. Batirin tsohuwar kwamfutata ya mutu, sai da waya a jone take aiki, rannan aka ɗauke wuta daidai lokacin da wasan yake ajiyewa. Da wuta ta dawo, duniyar ta ƙi buɗewa sam. A shafin da ake zaɓen ajiyar da za a buɗe akwai ƴar alama mai kama da tsohon disket. Na danna ta, na ɗauki ta jiya da yamma, na yi asarar wasan dare ɗaya kawai. Tun daga ranar ba na yarda da shawarar masu cewa a share fishiyen ver don samun wuri. Na tsofaffin duniyoyin da ka daina shiga, share su ba komai. Na wadda kake ciki, bar su.

Abin da ya sa nake ɗaga murya a kan ajiya shi ne ita kaɗai ce ba ta da kwafi a ko'ina. Asusunka na EA ya san fakitin da ka saya, amma bai riƙe maka duniyarka ba. Galerie, wato dandalin da ƴan wasa suke ɗora iyalai da gidaje da ɗakuna, shi ma abin da ka ɗora da hannunka kaɗai yake da shi. Don haka ajiya ce mafi ƙanƙanta a cikin kayan, kuma ita ce babu kuɗin da zai dawo da ita.

Akwai lokacin da share ta daidai ne. Duniyar da ka buɗe don gwada motherlode, kalmar sirrin da ke ba da kuɗin wasan, ka tara simoleon 50,000 sau goma ka gina gidan banza, wannan ba ta da amfani. Wadda ta lalace har ƴan rakiyar biyar duka suka ƙi buɗewa, ita ma ta gama yawo. Amma in gajiya ka yi da iyalin, ba sai ka share ba: fara sabon wasa ba ya taɓa tsohon. Wajen sharewar ma hanya biyu ce. Daga cikin wasa kana ganin sunan ajiyar da hoton iyalin, ba za ka yi kuskuren wadda kake nufi ba, sai dai kada ka sa ran tarar da ita a kwandon shara daga baya. Daga cikin dosiye kuwa tana faɗawa Corbeille, wato kwandon sharar, kana iya tsamo ta, amma sunayen lambobi ne zalla, bayan 9 ma sai ka ga harafin a, don haka ranar da aka taɓa fishiyen a ƙarshe ita ce jagorarka. Ni na fi son ta biyun, bayan na kwafe dosiyen duka a gefe.

Akwai hanyar tsakiya ga wanda duniyarsa ta tsufa ta yi nauyi: ka adana iyalin da gidansu a ma'ajiya, su shiga Tray, ka buɗe sabuwar duniya ka sauke su. Kamanninsu, halayensu, ƙwarewar da suka koya da dangantakar da ke tsakanin ƴan gida ɗaya duk suna biyo su. Abokai, maƙwabta da dangin da ke wasu gidaje ba sa biyowa, kuma gida ɗaya ba ya wuce mutum 8. Kamar magidanci ne ya taso daga Tawa ya dawo Yamai da matarsa da yaransa kaɗai, aka wayi gari ba wanda ya san kakansa. Ga mai iyali ɗaya wannan sauƙi ne. Ga ƙanwata mai gidaje shida, yanke zumunci ne, ta ce ba ta yarda ba.

Kayan Mods su ne inda magana take da yawa, don iri biyu ne a cikin dosiye ɗaya, kuma ciwon da kowanne yake jawowa daban. Akwai fishiye masu ƙarewa da .package, yawancinsu tufafi ne, gashi, kayan ɗaki, fentin bango. Akwai masu ƙarewa da .ts4script, waɗanda suke shiga cikin tafiyar wasan su sauya ta, irin MC Command Center da ake sarrafa aure da haihuwa da yawan jama'ar gari da shi. Na farkon su ne masu cin wuri. Na biyun ba su da nauyi, amma su ne suka fi karyewa idan an yi wa wasan mizajur, wato an sabunta shi. Don haka wanda kukansa diski ya cika, tufafi da kayan ɗaki zai duba. Wanda kukansa wasan yana rufewa da kansa ko Sims, wato mutanen cikin wasan, sun tsaya ƙiƙam sun ƙi motsi, ya fara da na biyun.

Ban ga laifin mai tara su ba. EA ta ƙara hijabi da hula a 2019, ta kuma ƙara launukan fata fiye da 100 a Disamban 2020, amma wanda yake son amaryarsa ta fito da kitso irin namu, da ɗaurin ɗankwali, da atamfa da lalle, dole ya koma ga masu ƙera kayan ƙari. A haka ake tara jiga 19 ba a sani ba: yau gashi ashirin, gobe kujeru, jibi wata ƙawa ta ba ka nata duka a kile, wato filashin USB.

Ga abin da ke faruwa idan ka cire kaya ka buɗe duniyar da take amfani da su: wadda ke sanye da gashin da ka cire ta fito kai ƙwal, mai rigar ya fito ba riga, gadon da kujerun su ɓace daga ɗakin. A wannan matakin ba a yi asarar komai ba tukuna. In ka fita ba ka ajiye ba, ka mayar da fishiyen wurinsa, komai ya dawo yadda yake. In ka danna ajiye, wasan ya rubuta duniyar a haka, ya manta wace riga ce a jikin wa. Ko ka mayar da kayan daga baya, sai ka bi mutum ɗaya-ɗaya kana sake yi musu sutura, ka bi ɗaki-ɗaki kana jera kaya. In kuma ka ajiye sau shida a jere, ƴan rakiyar nan masu kyau duk sun faɗi, ba inda za ka koma. Mutane suna tsoron maɓallin sharewa, alhali wanda ya fi cin dukiya shi ne na ajiyewa bayan an cire kaya. Duk lokacin da kake gwaji, ko dai ka yi shi a sabuwar duniya, ko ka yi amfani da Enregistrer sous, maɓallin ajiyewa a sabon fishiye, ka ba ta wani suna.

Za a ce ai kayan Mods ana iya sake sauko da su. A baki haka ne. A aikace, wasu masu ƙera su sun rufe shafinsu, wasu hanyoyin sun mutu, wasu ma ba ka tuna daga ina ka samo su ba. Ga kuma kuɗin forfe na jiga goma sha wani abu. Shi ya sa a wurina kayan Mods ƙaura ake yi musu, ba sharewa ba: kile mai jiga 32 ko diskin waje ya wadatar. Abu biyu kawai zan ja kunne a kai. Kilen da ka saya a kasuwa da araha, gwada shi tukuna, ka kwafa ka cire ka sake jonawa ka buɗe fishiyen, don akwai na jabu masu nuna girman da ba su da shi. Sannan in ka dunƙule kayan a zip guda wanda ya haura jiga 4, kilen da aka tsara da FAT32 ba zai karɓa ba. Raba shi, ko ka kwafi dosiyen yadda yake. Abin da aka share daga kan kile kuma ba ya bi ta kwandon shara, ya tafi ke nan.

Idan matsalar karyewa ce, a sani cewa bayan kowace mizajur wasan da kansa yake kashe kayan ƙari, sai ka shiga saitin wasa, sashen Autre, ka kunna su ka sake buɗe wasan. Ba mugunta ba ce, kariya ce. Wadda aka yi ranar 14 ga Maris 2023, da ta kawo jarirai masu rarrafe, ta karya kayan mutane da yawa, kuma waɗanda suka yi gaggawar kunnawa suka shiga tsohuwar duniyarsu su suka fi kuka. Hanyar gano mai laifi ita ce rabawa biyu: fitar da rabin kayan, gwada, in matsalar tana nan, mai laifin yana cikin rabin da ya rage, sake raba shi. Fishiye dubu ba ya wuce zagaye goma. A kowane zagaye ka share localthumbcache.package da ke cikin Les Sims 4, wasan zai ƙirƙiri sabo, ba abin da za ka rasa. A kula kuma da zurfin dosiye: na .ts4script ba sa aiki in sun wuce dosiye ɗaya a cikin Mods, na .package suna iya kai biyar. Sau da yawa abin da ake zaton ya lalace, binne shi kawai aka yi da nisa.

Iri ɗaya ne nake cewa a share ba tausayi: .ts4script ɗin da ba ka san daga hannun wa ya fito ba. Irin wannan fishiye umarni yake ba kwamfuta, kuma a farkon 2024 an kama wasu da aka cusa musu manhajar satar bayanai. Wanda ya zo maka a kilen abokin abokinka, fitar da shi, in kana so ka je shafin mai shi na ainihi ka sauko da sabo.

Fakitin da aka saya lissafinsu daban. Su suna gida na farko, a dosiye masu suna EP01, GP01, SP01 da sauransu, kuma suna ɗaure da asusunka. Ko ka cire su, naka ne, kana iya sake girka su ba tare da biya ba ta manhajar EA app, wadda ta gaji Origin da aka rufe ranar 17 ga Afrilun 2025, ko ta Steam, wata manhajar sayen wasanni. Ta wannan fuska sun fi kayan Mods aminci. Amma ta fuskar ɓarna a cikin ajiya sun fi su tsanani, don fakiti gari guda yake tafiya da shi. Cire Chiens et Chats na 2017, garin Brindleton Bay ya ɓace, iyalan da ke can su rasa matsuguni, karnuka da kyanwoyi su tafi. Cire Au Travail na 2015, likitanka da ɗan sandan bincikenka su wayi gari ba aiki. Wasan yana gargaɗi in za ka buɗe ajiyar da ta rasa fakiti, kuma dokar ɗazu tana nan: in ka ajiye a haka, ta zauna. Fakitin da bai kawo gari ba, irin ƙananan na kaya da tufafi, cire shi bai fi cire kayan Mods ciwo ba, sai dai wurin da zai ba ka ma kaɗan ne. Kada a share dosiyen fakiti da hannu. Ana iya wayar gari manhajar ta sake sauko da shi a kan forfenka ba ka sani ba. Wanda kawai yake son wasan ya yi sauƙin tashi, akwai umarni irin -disablepacks:EP04, inda EP04 sunan dosiyen fakitin ne, da ake rubutawa a saitin buɗe wasa, yana kashe fakitin ba tare da cire shi ba, amma ko mega ɗaya ba zai ƙara maka a diski ba.

Duk wannan ga mai asusun kansa ne. Wanda ya sayi kwamfuta ta hannu ya tarar da wasan a asusun tsohon mai ita, ko wanda aka zuba masa shi daga kile da fakiti duka, in ya cire ba shi da ƙofar da zai ƙwanƙwasa.

Sauran zaɓi biyu ba sa buƙatar dogon bayani. Na farko, ka rufe wasan, ka ja dosiyen Les Sims 4 gaba ɗaya zuwa Bureau, wato fuskar kwamfuta, ka buɗe wasan. Zai gina sabo fes kamar yau aka girka shi. In ya tashi lafiya, cutar tana cikin kayanka, sai ka mayar da saves da Tray, sannan Mods kaɗan-kaɗan. In bai tashi ba, cutar tana gida na farko, sai ka danna Réparer, wato gyara, a manhajar da kake buɗe wasan da ita. Jan dosiyen nan ba ya cin forfe, ba ya share komai, kuma shi nake fara yi duk lokacin da ban san inda ciwon yake ba. Na biyu, cire wasan dungurungum. A matsayin magani shi ne mafi tsada kuma mafi ƙarancin amfani, don ba ya taɓa Documents: ka sake girkawa, ka tarar da lalataccen fishiyen yana jiranka. Amma ga ɗalibin da jarrabawa ta matso, yana son wuri kuma yana son ya raba kansa da jarabar wasan, shi ne mafi tsafta. EA da kanta jiga 25 take nema a ƙalla don wasan; ka samu wurin, iyalinka kuma suna nan kwance a saves har ranar da ka sami wifi mai ƙarfi.

Wani tarko da na gani a kwamfutoci da dama: Windows ta haɗa Documents da OneDrive, ma'ajin intanet na Microsoft, wanda jiga 5 kawai yake bayarwa kyauta. Sai ya kama ƙoƙarin ɗora dosiyen Mods sama, forfe yana zuba, kuma abin da ka share a can yana iya bin sa a nan. A duba wannan kafin a share komai. Masu buga wasan a PlayStation 4 ko Xbox One, inda ya fito a Nuwamban 2017, ba su da dosiyen Mods kwata-kwata. Nasu zaɓin tsakanin ajiya da fakiti ne kawai.

A wurin ƙanwata kukan wuri ne da nauyin tashi, don haka ba mu taɓa ajiya ba, ba mu taɓa fakitinta biyu ba. Mun kwafe saves da Tray a kile, abin da bai ɗauki minti biyu ba. Mun zuba Mods duka a diskin wajena. Sannan muka buɗe Sims 4 Studio, manhajar da ke nuna hoton abin da ke cikin kowane fishiye, ta zauna tana zaɓe kamar mai tsince shinkafa: rigunan sanyi na ƙasar ƙanƙara, kujeru kala arba'in da ba ta taɓa sa ko ɗaya a ɗaki ba, gashi iri ɗaya da ta sauko da shi sau uku da suna daban. Daga jiga 19 muka dawo 6. A dosiyen bidiyo muka tarar da wasu jiga 3 na ɗaukar da ta yi ba da saninta ba, don harafin V a wasan kunna kyamara yake yi.

Na koma gida bayan magariba. Ban kai ga cire takalmi ba waya ta yi ƙara.

"Yaya, kaka ta fito wurin biki ba gashi."

"Kin ajiye?"

"A'a, na tuna abin da ka ce. Na fita haka nan."

Kitson tsohuwar yana cikin waɗanda muka ɗauka na banza ne, don sunan fishiyen lambobi ne kawai. Na jona diskin, na bi hotunan har na gano shi, mega 4, na tura mata ta WhatsApp. Ta jefa shi cikin Mods, ta share localthumbcache.package, ta buɗe wasan, aka ci gaba da ɗaurin auren da kaka da kitsonta.